Alƙalami da Sanda: Mai Zayyana da Makiyayi a Bakin Iyakar Illela

Duk wanda ya san Illela, da kara ya santa. Garin yana arewa da birnin Sakkwato da tazarar kilomita 80 da 'yan kai, kuma tsakaninsa da Birnin Ƙwanni ta Jamhuriyar Nijar tafiyar 'yan mintoci ce a kan babur. Kowace Lahadi shanu da raƙuma da tumaki da awaki suna kwararowa daga Adar da Azawak, su kwana a cikin tireloli a kan hanyar Ikko da Badun da Fatakwal. Wannan sana'a tana da ƙura da hayaniya, ba ta ɓuya. Amma a wannan ƙasa akwai wata tsohuwar sana'a da ake yi a zaure, ba ta tara jama'a, wato rubutun Alƙur'ani da hannu da ƙawata takardunsa da zayyana. Makiyayi yana riƙe da sanda, mai zayyana yana riƙe da alƙalami. Ya dace a jera su gefe da gefe, a ga inda suka yi kama da inda suka saɓa, kafin a ce wani abu game da makomarsu.

Asalinsu a wannan yanki tushe ɗaya ne. Toronkawa, dangin Shehu Usmanu Ɗanfodiyo, sun daɗe zaune a ƙasar Ƙwanni kafin jihadi. An haifi Shehu a Marata a shekarar 1754, garin da yau yake cikin Nijar, ya yi zamansa na karantarwa a Ɗegel, ya yi hijira zuwa Gudu a 1804. Duk waɗannan wurare suna kewaye da Illela ne, wasu ta wannan gefen iyaka, wasu ta wancan. A lokacin, cikin Fulanin yankin akwai masu bin garke, akwai masu zama a kan buzu, kuma sau da yawa gida ɗaya ne ke fitar da su duka. Wa yana tatsar nono, ƙane yana kwafar littafi. Saboda haka kwatanta su kwatanta 'yan uwa ne da hanya ta raba.

A fara da kayan aiki. Takardar da malaman ƙarni na 19 suka yi rubutu a kanta ba a nan ake yin ta ba. Mafi yawanta daga Italiya take, kuma idan aka ɗaga ta a haske ana ganin tambarin jinjirin wata guda uku a cikin jikinta. Ta Tarabulus ko ta Masar take shigowa, ta ratsa hamada a bayan raƙuma, ta yi watanni kafin ta isa Kano ko Katsina ko Sakkwato. Shi ya sa take da tsada, shi ya sa kuma ba a ɓata ko gefenta, har can ake cusa sharhi da ƙananan baƙaƙe. Sauran kayan kuwa na gida ne. Ana fere alƙalami daga gamba ko kara, ana dafa tawadar takarda da bagaruwa da ƙaro, jima kuma ta ba da fatar da za a yi tadarishi da gafaka.

Dukiyar makiyayi ba a sayo ta daga ƙetaren teku, ita ke haifar kanta. Bokoloji, farar saniyar ƙasar Sakkwato mai gajeren ƙaho da babban tozo, ta saba da zama kusa da gari da cin harawa. Rahaji, ja mai dogon ƙaho, 'yar tafiya ce, tana jure nisa da ƙishirwa. Saniyar Azawak an san ta da yawan nono. Amma abin da ke raya su ba ya hannun mai su. Ciyawa ta damina ce, ruwa na rijiya da tafki ne, hanya kuma ta ratsa gonakin wasu. Mai zayyana yakan sha wahala kafin ya tara kayan aikinsa, amma da ya tara su ya mallake su. Makiyayi ya gaji dukiyarsa tun yana yaro, amma kowace safiya sai ya sake fita nemar mata abin da za ta ci.

Na biyu, ido. Idan ka buɗe Alƙur'anin hannu na ruwayar Warshu, abin da zai fara kama idonka launi ne. Baƙaƙe da baƙar tawada, wasula da ja, hamza ɗigo ne na rawaya, alamar wasali kuma kore. Ƙarshen kowace aya akwai 'yan ɗigo uku a haɗe, a kan aya ta biyar akwai alamarta, a kan ta goma akwai kuri. A gefen shafi ana zana da'ira ko murabba'i don nuna sumuni da rubu'i da nusufi da izu, da kuma wuraren sujada. Sai manyan zayyana masu cin rabin shafi ko shafi guda, a farkon littafi da kuma inda aka raba shi kashi huɗu. Alaramma yakan ja layin waje da farko, ya tsaga cikinsa gida-gida, sannan ya bi kowane gida da launinsa, ja kusa da rawaya, rawaya kusa da kore, igiya ta shiga ƙarƙashin igiya ta ɓullo ta sama. Idan ka ƙura masa ido sai ka ga kamar zanen yana motsi. Ba mutum a ciki, ba dabba, sai lissafi da daidaito. Ɗigon tawada ɗaya ya zuba inda bai dace ba, aikin yini ya tafi.

Idon makiyayi ma ido ne na launi da siffa, sai dai abin da yake karantawa yana tafiya da ƙafa huɗu. Baƙo yana ganin garke fari fat, shi kuwa yana ganin kowace saniya da sunanta, da uwarta, da kakarta. Ya san wadda ƙahonta ya karkata, da mai ɗigo a goshi, da wadda ba ta yarda a tatse ta sai an kawo maraƙinta. Da yamma ba ya ƙirga su da lamba, kallo ɗaya zai yi ya ce wance ba ta dawo ba. Daga yadda sa yake sunkuyar da kai zai gane ciwon huhu ko sammore tun kafin ya bayyana ga kowa. Mai zayyana yana tsara abin da ido zai gani, makiyayi yana fahimtar abin da Allah ya riga ya tsara. Dukkansu biyu ba a koya musu da bayani kaɗai, sai da shekaru na kallo.

Tarbiyyarsu ma ta yi kama ta wata fuska. Yaron tsangaya yana farawa a kolo, ya zama titibiri, ya zama gardi, kuma ba a kiransa alaramma sai ya haddace ya kuma iya rubutawa da ka. Gwani ya fi nan. Kafin ya taɓa takarda ya shafe shekaru yana rubutu da wankewa a kan allo. Yaron ruga yana farawa da tsaron maruƙa kusa da gida, sannan ya bi yayyensa, sannan a ba shi garke ya tafi mashekari shi kaɗai. Dukkansu sun san sanyin asuba da yunwa da nisa da uwa. Bambancin shi ne, horon tsangaya yana koya wa jiki zama wuri ɗaya har hannu ya daina rawa, horon daji kuwa yana koya wa jiki tafiya har ƙafa ta daina ƙorafi.

Sai kasuwa, inda suka fi rabuwa. A karar Illela komai a fili yake. Dillali zai kama ƙahon bajimi, ya buɗe bakinsa a ga haƙora don a san shekarunsa, mai saye ya matsa gindin wutsiya da ƙirji ya ji kitse.

“Alhaji, sa masa suna,” in ji dillali.

Alhaji ya taya. Dillali ya juya wajen mai sa. “Ardo, ka ji abin da aka taya.”

“Albarka,” in ji Ardo, ya kawar da kai.

A ƙara, a ja, a koma gefe a yi raɗa, har a kai inda zai ce ya sallama. Sai a daidaita ko la'ada ciki ko waje. Dillali ba haɗa ciniki kaɗai yake yi ba, shi ne shaidar cewa dabbar ba ta sata ba ce, kuma idan magana ta tashi daga baya shi za a nema. A gefe 'yan canji suna juya naira zuwa sefa, mutumin Tawa yana lissafi da dala da jaka, mutumin Sakkwato yana lissafi da dubu. Daga sa guda, dillali ya ci, ɗan lodi ya ci, direba ya ci, mai sayar da igiya da mai abinci sun ci, hukuma ta karɓi nata, mahauci a Agege ta Ikko yana jira.

Cinikin mai zayyana ba ya son idon jama'a. Attajiri ko basarake yakan je har zaure, ya gaisa, ya ce, “Allah gafarta Malam, ina son a rubuta mini na hannunka.” Ba a ja-in-ja kamar a kara, abin da za a bayar hadiya ce, kuma aikin yana cin watanni. A nan darajar aikin take, a nan kuma rauninsa yake. Kunya da girmamawa sun hana a yi masa farashi, rashin farashi kuma ya sa sau da yawa ladan aikin bai kai wahalarsa ba. Makiyayi yana iya jin an ƙware shi, amma aƙalla ya ga yadda kasuwa ta kaya a gabansa. Alaramma yana samun girma fiye da Ardo a majalisa, amma Ardo ya fi shi sanin nawa ne kuɗin guminsa.

Kowannensu yana da annobarsa. Wajen shekarar 1890 ciwon bushiya ya ratsa Afirka ta Yamma ya kashe mafi yawan shanun da ya tarar, gidaje da dama suka wayi gari ba ko karsana. Ya sake ɓarna a Najeriya a 1983, kuma sai a 2011 aka bayyana cewa an kawar da shi daga duniya. Farin 1973 zuwa 1974 da na 1984 sun koro makiyayan Nijar zuwa kudu suna sayar da dabbobi a wulaƙance. Amma garke yana da wata baiwa: in saniya ɗaya da sa ɗaya suka tsira, za a sake tarawa. Fulani suna da al'adar habbanaye, inda mai shanu zai ba ɗan uwansa aron saniya ta haihu a wurinsa, ya riƙe 'ya'yan ya mayar da uwar. Annobar takarda ba ta zuwa da kururuwa. Gara ce, da ɗigar ruwan soro, da gobara, da rabon gado inda magada za su raba littafi ɗaya kowa ya ɗauki wasu warƙoƙi, tun da ba a ɗinke suke ba. Saniya ta fi takarda saurin mutuwa, amma tana barin 'ya. Takarda tana iya shekara 200, amma in ta ƙone ba ta da magaji sai in an riga an kwafe ta.

Iyaka ma ba ta taɓa su daidai ba. A 1898 Ingila da Faransa suka zana wata da'ira mai nisan mil 100 daga Sakkwato suka ce ita ce iyaka. A 1899 rundunar Faransa ƙarƙashin Voulet da Chanoine ta ƙone Birnin Ƙwanni ta kashe mutane masu yawa. Sakkwato ta faɗa hannun Ingilishi a 1903. Yarjejeniyoyin 1904 da 1906 suka gyara layin domin Faransawa su sami hanya mai rijiyoyi zuwa Damagaram, Ƙwanni ta faɗa wancan gefe, aka kafa duwatsun iyaka tsakanin 1906 da 1908. Wannan layi ne ya mayar da Illela bakin ƙofa, kuma shi ya gina kasuwarta. Amma shi ne kuma ke shaƙe ta. An rufe iyakar daga 1984 zuwa 1986. An sake rufe ta a watan Agusta na 2019, sai a Disamba 2020 aka buɗe Illela tare da Seme da Maigatari da Mfum. Bayan juyin mulkin Nijar na ranar 26 ga Yuli 2023 aka sake garƙame ta, Najeriya ba ta buɗe nata gefen ba sai Maris 2024. Duk lokacin da haka ta faru, makiyayi ne ke fara ji, domin damina tana kiransa arewa, rani yana kiransa kudu, kuma garke ba ya ɓuya a aljihu. Littafi kuwa yana rataye a kafaɗar almajiri. Salon rubutu da zayyana na Sakkwato da Ƙwanni da Maraɗi da Katsina bai taɓa sanin akwai iyaka ba.

Idan aka leƙa wata nahiya, za a ga waɗannan abubuwa biyu a wata kama. Kaboyin da aka sani a finafinai makiyayi ne na gaske. Daga 1867 aka riƙa koro dubban shanu daga Tekzas zuwa tashar jirgin ƙasa ta Abilene a jihar Kansas, kamar yadda fatakenmu suka riƙa kora shanu da ƙafa zuwa kudu ko zuwa tashoshin jirgi bayan dogo ya iso Kano a 1911. Wannan rayuwa ba ta wuce shekara 20 da 'yan kai ba a Amurka, domin wayar shinge mai ƙaya, wadda Joseph Glidden ya yi wa rajista a 1874, ta tsaga daji gida-gida, jirgin ƙasa kuma ya isa ko'ina. Ta ɓangaren takarda, wajen 1966 da 1967 masu zane a San Faransisko irin su Wes Wilson da Victor Moscoso suka riƙa buga takardun tallar kiɗa masu launuka da ke karo da juna, da baƙaƙe masu lanƙwasa har da wuya a karanta su. Salon ya taso ne tare da shan ƙwayar LSD, daga baya ma aka riƙa buga ƙananan hotuna a kan takardar da ake jiƙawa da ƙwayar. Dabarar haɗa ja da kore don ido ya ga motsi ɗaya ce da ta mai zayyana, amma manufa ta saɓa. Can ana son hankali ya tashi daga inda yake, nan ana son ya tsaya, mai tilawa ya san ya kai izu, ya huta, ya ci gaba.

Zamani ya zo wa kowannensu da inji. Tirela ta mayar da tafiyar makonni ta zama ta kwana biyu ko uku, sa ya isa Ikko da kitsensa. Wannan riba ce ga falke, amma masu korar shanu da ƙafa sun rasa aiki. Injin ɗab'i kuwa da farko gata ya yi wa rubutun hannu. A Kano an riƙa ɗaukar hoton shafukan gwanaye ana bugawa da yawa, har rubutun Sharif Bala Gabari ya shiga tsangayu da kasuwannin Najeriya da Nijar, talaka ya mallaki abin da da sai mai hali. Amma idan rubutun gwani ɗaya ya wadatar da dubban mutane, sauran gwanaye wa zai nema? Daga 1984 maɗaba'ar Sarki Fahad da ke Madina ta fara fitar da miliyoyin kwafi, makarantun Islamiyya suka yaɗa ruwayar Hafsu, yanzu kuma ga Alƙur'ani a cikin waya. Nassi ya yaɗu fiye da kowane zamani, wannan alheri ne. Hannun da ke rubuta shi ne ya ragu.

Barazanar makiyayi ta fi wannan zafi. Dokar wuraren kiwo ta Arewa ta 1965 ta keɓe dazuzzuka, amma jama'a ta ƙaru, gonaki sun cinye burtali da mashaya. Manomi yana da gaskiyarsa, domin shi ma bakuna sun yi masa yawa kuma ƙasa ta gaji. A gabas, wajen Isa da Sabon Birni, ɓarayin daji sun addabi kowa. A yamma, wajen Tangaza da Gudu, 'yan bindigar Lakurawa sun ɓullo. Makiyayi na gaskiya yana tsakiya: a sace masa shanu a daji, a zarge shi a gari. Mai zayyana ba wanda ke farautarsa, mantawa da shi kawai ake yi.

Kafin hukunci, a tuna cewa sun daɗe suna cin moriyar juna. Fatar jar akuyar Sakkwato, wadda ta yi suna har Turai, ita ke suturta littafi. Bagaruwar da majemi ke jeme fata da ita, ita ce ke cikin tawada. Ranar saukar karatu, yaro yana riƙe da allo mai zayyana a gaban malamai, uba kuma ya yanka abin da ya sawo daga kara. Makiyayi yana neman addu'ar malam idan zai tashi, malam yana shan furarsa da nonon matar makiyayi.

To, wanne ya fi nauyi? Ta fuskar ciki da rai, kiwo ne, ba tantama. Shi ke ciyar da Illela, shi ke haɗa Najeriya da Nijar ko da shugabanni sun juya wa juna baya, kuma matsalarsa ta jini ce, ba ta jira. Ta fuskar haɗarin ɓacewa kuwa, zayyana ce a gaba. Muddin ana cin nama a Ikko za a yi kiwo, ko da siffarsa ta sauya, ko da ya koma bayan shinge kamar yadda ya faru a Amurka. Amma ba wata kasuwa da za ta tilasta a ci gaba da zayyana. Cibiyar tarihi ta Waziri Junaidu a Sakkwato da Gidan Arewa a Kaduna suna adana tsofaffin takardu, wannan aiki ne babba, sai dai ma'ajiya tana tsare abin da aka riga aka yi ne, ba ta haifar da mai yi.

Saboda haka maganinsu ba ɗaya ba ne, kuma ba a hannu ɗaya yake ba. Na makiyayi yana wajen hukuma da sarakuna: a shata burtali a tsare shi, a gyara mashaya, a kawo tsaro, kuma idan gwamnatoci sun saɓa kada a fara huce haushi a kan iyaka. Na mai zayyana yana wajen jama'a, kuma bai fi ƙarfinsu ba. Fataken da Allah ya buɗa wa a karar Illela suna iya sa a rubuta musu, su biya abin da zai riƙe alaramma da iyalinsa tsawon aikin, su kuma ɗauki nauyin gardi ɗaya ko biyu su zauna kusa da shi su koya. Kuɗin bajimi guda zai yi nisa a wannan hanya. Makiyayi yana bukatar a ba shi hanya, mai zayyana yana bukatar a ba shi aiki, kuma garin da yake da halin yin duka biyun ba shi da hujjar zaɓar ɗaya.